Matakin Albashin Malaman Kwaleji a Gaban Kotu: Inda Hakki Yake Tsayawa da Inda Yake Faɗuwa

 

Mai girma shugaban taro, shugabannin kwalejoji da magatakardansu, shugabannin ƙungiyoyin malamai, iyayenmu da suka ƙarar da ƙuruciyarsu a aji har suka yi ritaya, 'yan'uwana malamai maza da mata, da ɗalibanmu, ina yi muku barka da zuwa. Na gode da kuka ba ni damar yin magana a kan abin da ya daɗe yana ci wa malaman kwalejojin ilimi da na kimiyya da fasaha tuwo a ƙwarya, wato rigimar matakin albashi, da abin da kan biyo baya idan ta kai gaban alƙali.

Duk wanda ya yi zama a ɗakin hutun malamai ya san maganganun da ake yi. Wani ya ce shekara shida yana mataki ɗaya. Wani ya ce an ba shi takardar ƙarin girma amma albashi bai motsa ba. Wani ya ce tare aka ɗauke su aiki da takwaransa na kwalejin tarayya, yau ga shi tazarar da ke tsakaninsu ta kai kuɗin hayar gida. A ƙarshe sai ka ji an ce, "Wallahi kotu za mu je." Wasu sun je sun yi nasara. Da yawa sun je sun dawo hannu rabbana, alhali kowa a kwalejin ya san an zalunce su.

Abin da nake so mu fita da shi daga wannan zaure shi ne sanin dalilin haka. Kotu tana iya tabbatar wa malami hakkin da aka riga aka rubuta masa a inda doka ke dubawa. Ba ta da ikon ƙirƙirar masa hakkin da aka bari a baki, ko a jawabin minista, ko a takardar da ba ta shiga ƙa'idojin aikinsa ba. Saboda haka yawancin shari'un matakin albashi tun a ofishin magatakarda da teburin sulhu ake cin su ko a faɗi, shekaru kafin a ga lauya.

Asalin matakan albashi

Sai mun san yadda aka gina matakan nan kafin mu gane rigimar. Kwalejojin ilimi na ƙasar nan sun samo asali ne daga manyan kwalejojin horar da malamai da aka buɗe a farkon shekarun 1960, bayan rahoton kwamitin Ashby na 1960, irin su na Zariya da Kano da Owerri. A 1974 kwamitin Udoji ya zuba ma'aikatan gwamnati a tsari ɗaya, daga mataki na 01 zuwa na 17. Malaman jami'a suka ce aikinsu ba irin na ma'aikatar gwamnati ba ne, kuma bayan rahoton kwamitin Cookey na 1981 aka ware wa jami'o'i nasu tsarin. Tun daga nan ake ta sauyi. A ƙarshen shekarun 1990 aka kawo tsarin albashi na HATISS don manyan makarantu. A 2007 aka zo da CONTISS, aka kuma ba malaman jami'a CONUASS. Bayan yarjejeniyar da Gwamnatin Tarayya ta yi da ƙungiyoyin malamai na ASUP da COEASU a 2010, malaman kwalejojin ilimi da na kimiyya da fasaha suka koma CONPCASS, mai matakai daga 01 zuwa 09.

A wannan tsari malami yakan fara a matsayin mataimakin laccara, ya hau laccara na uku, na biyu, na ɗaya, sannan siniya laccara, firinsifal laccara, har ya kai cif laccara, wanda shi ne ƙololuwa. Kowane mataki kuma yana da ƙananan matakai a cikinsa, waɗanda ake hawa shekara-shekara.

Hukumomi da dama ne ke da hannu a lamarin. Hukumar Albashi ta Ƙasa, wadda aka kafa da dokar soja mai lamba 99 ta 1993, ita ke fitar da jadawalin kuɗin. Hukumar NCCE, da aka kafa a 1989, ita ke kula da kwalejojin ilimi. Hukumar NBTE, da aka kafa a 1977, mai hedikwata a Kaduna, ita ke kula da kwalejojin kimiyya da fasaha. Ofishin Shugaban Ma'aikata na Tarayya yana da ta cewa a kan tsarin muƙamai. Sannan ga hukumar gudanarwa ta kowace kwaleji, wadda a doka ita ce ta ɗauki malami aiki, ita ke yi masa ƙarin girma, ita ke ladabtar da shi.

Duk lokacin da aka tashi daga wani tsari zuwa wani, sai an ɗauki dubban ma'aikata an dasa kowa a sabon gurbi. A wajen wannan dashen ne ake barin wasu a baya. Kuma da yake masu hannu sun yi yawa, wanda aka bari yakan rasa wanda zai riƙe. Kwaleji ta ce umarni take jira daga hukuma, hukuma ta ce ma'aikata ba ta amince ba, ma'aikata ta ce babu kuɗin a kasafi.

Inda rigima take tasowa

Ta farko ita ce rigimar ajiye mutum tun ranar ɗaukarsa. Mai digiri na biyu a ajiye shi inda ake ajiye mai digirin farko, ko wanda ya taso daga makarantar sakandare da shekaru goma na koyarwa a ƙi lissafa masa su. A kwalejojin kimiyya da fasaha akwai ƙarin tsohuwar takaddama tsakanin masu babbar difloma ta HND da masu digiri, a kan wanda zai shiga layin laccara da wanda zai tsaya a layin mai koyar da aikin hannu.

Ta biyu ita ce ta ƙarin girma: jinkirta shi, ko hana shi, ko a ba da shi a takarda a ce kuɗi sai daga wata shekara. Wannan na ƙarshen ya zama ruwan dare. Malami yana amsa sunan siniya laccara, yana ɗauke da nauyin siniya laccara, yana karɓar albashin laccara na ɗaya.

Ta uku ita ce ta sauyin tsari, kuma babban misalinta shi ne batun CONTISS 15. A 2009 gwamnati ta amince a ɗaga ƙololuwar matakin ma'aikatan kwalejoji zuwa 15. Manya suka amfana, aka bar na mataki na 11 zuwa ƙasa. Wannan yana cikin abubuwan da suka jawo dogon yajin aikin ASUP daga Oktoba 2013, da na COEASU daga Disamba 2013, waɗanda ba a janye ba sai a Yulin 2014, bayan Malam Ibrahim Shekarau ya zama ministan ilimi. Ɗalibai sun yi asarar kusan shekara guda, kuma bayan fiye da shekara goma ariyas ɗin ƙananan ma'aikatan nan, wato bashin albashin da suke bi, yana nan cikin jerin buƙatun ƙungiya.

Ta huɗu ita ce tazarar tarayya da jiha. A 2023 Gwamnatin Tarayya ta amince da ƙarin kashi 35 cikin ɗari ga farfesoshi da cif laccarori, da kashi 25 ga sauran malamai, daga watan Janairun shekarar. Malamin kwalejin jiha ya ji labari a rediyo, ya koma jiran gwamnansa. Wasu jihohi kan ce za su biya wani kaso na tsarin tarayya, wasu su yi shiru.

Akwai ta biyar da ke tasowa yanzu. Dokar Kwalejojin Ilimi na Tarayya ta 2023 ta ba su damar ba da digiri tare da shaidar NCE, an kuma mayar da wasu tsofaffin kwalejoji, kamar na Kano da Zariya, jami'o'in ilimi. Cif laccaran da ya yi shekara talatin yana koyarwa, a ina za a ajiye shi a tsarin jami'a? Idan ba a rubuta amsar wannan tambaya da adalci ba tun yanzu, ita ce za ta cika kotu nan gaba.

Kada wani ya ɗauka ƙaramin abu ake magana a kai. Mu ƙaddara, don misali kawai, cewa bambancin mataki ɗaya naira 40,000 ne a wata. A shekara goma ya zama naira miliyan 4.8. Dokar fansho ta 2014 ta ce ma'aikaci ya zuba kashi 8, mai ɗaukar aiki ya zuba kashi 10, kuma a kan albashi ake lissafin. Wanda aka tauye a mataki an tauye shi a wata, an kuma tauye shi a tsufansa, lokacin da ba shi da ƙarfin bin ofis-ofis.

Kotun da ke da hurumi

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron irin wannan ƙara. An kafa ta a 1976, amma ta daɗe tana fama da jayayya a kan matsayinta, har sai da aka yi wa Kundin Tsarin Mulkin 1999 gyara na uku a 2010. Sashe na 254C ya ba ta hurumi ita kaɗai a kan al'amuran aiki, ya kuma ambaci rigimar biya ko rashin biyan albashi, alawus, fansho da giratuti. Sashen ya ba ta ikon fassara yarjejeniyar ƙungiya da mai ɗaukar aiki, da duba rashin adalci a wajen aiki, da amfani da yarjejeniyoyin ƙwadago na duniya da Najeriya ta rattaba wa hannu. Tana da rassa a Kano, Kaduna, Sakkwato, Jos, Bauchi, Yola da wasu biranen, don haka ba sai an je Abuja ba. A 2017, a shari'ar bankin Skye, Kotun Ƙoli ta bayyana cewa ana iya ɗaukaka hukuncin Kotun Ma'aikata zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, kuma a nan shari'ar ma'aikata take tsayawa.

Malamin kwalejin gwamnati yana da wata kariya da ma'aikacin kamfani ba shi da ita. Da yake doka ce ta kafa kwalejinsa ta kuma tsara yadda za a ɗauke shi da yadda za a ladabtar da shi, ba a iya taɓa muƙaminsa sai ta hanyar da dokar ta shimfiɗa. Kotun Ƙoli ta tabbatar da haka a 1985 a shari'ar Farfesa Olaniyan da Jami'ar Legas. Rage wa mutum mataki horo ne, kuma sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki ya wajabta a saurari mutum kafin a yanke masa hukunci. Shugaban kwalejin da ya wayi gari ya sauke malami daga matakinsa ba tuhuma ba kwamiti, ya ba lauyan malamin aiki mai sauƙi.

Tambayoyin alƙali

Hausawa sun ce shari'a saɓanin hankali. Malami yana shiga kotu da labarin wahalarsa, alƙali kuwa tambayoyi ne da shi, kuma a kan amsarsu hukunci yake tsayawa.

Tambaya ta farko: wace takarda ce ta ba ka wannan hakki? Dole ka nuna doka, ko ƙa'idojin aikin kwalejinka, ko takardar ɗaukarka aiki, ko takardar umarnin gwamnati da ta shafe ka. Cewa takwaranka na wata kwaleji yana karɓa ba hujja ba ce da za ta tsaya da ƙafarta. Sashe na 17 na Kundin Tsarin Mulki ya yi maganar albashi ɗaya ga aiki ɗaya, amma yana cikin babi na biyu, wanda sashe na 6 ya ce ba a kai ƙara a kansa kai tsaye. Dokar Ƙwadago ma ba ta rufe malamin kwaleji sosai ba, domin ma'anar ma'aikaci a cikinta ta fitar da masu aikin gudanarwa da na ƙwarewa.

Tambaya ta biyu: abin da kake nema, an riga an ba ka ne aka hana ka cin moriyarsa, ko kuwa so kake kotu ta ba ka? Kotunanmu sun daɗe a kan cewa ƙarin girma ba ya zuwa don shekaru sun cika kawai, kuma alƙali ba zai zauna a kujerar kwamitin ƙarin girma ya auna maƙalunka ba. Amma idan hukumar gudanarwa ta amince, aka ba ka takarda mai kwanan wata, to kuɗin wannan mataki ya zama bashi a kan kwaleji. Haka nan idan aka saɓa wa ƙa'idar da kwalejin ta rubuta da hannunta, ko aka tsallake ka saboda ƙabila, addini, jinsi ko aikin ƙungiya, kotu tana da ƙofar shiga. Malamai da yawa sun faɗi ne don sun roƙi kotu ta naɗa su cif laccara, alhali da sun roƙi ta tilasta wa kwaleji bin ƙa'idarta da sun sami abin riƙewa.

Tambaya ta uku: yarjejeniyar da ƙungiyarku ta sa wa hannu, ta shiga sharuɗɗan aikinka? Tsohuwar ƙa'idar da muka gada daga dokar Ingila ita ce, yarjejeniyar ƙungiya alkawarin mutunci ce kawai, ba a tilasta ta sai an shigar da ita cikin kwantiragin ma'aikaci. Tun bayan gyaran 2010 Kotun Ma'aikata ta sassauta wannan ra'ayi, tana fassara yarjejeniyoyi tana aiki da su ga 'yan ƙungiyar da suka shafa. Duk da haka lauyan gwamnati zai tayar da tsohuwar ƙa'idar, zai kuma tambaye ka shaidar cewa kai ɗan ƙungiyar ne. Yarjejeniyar da aka mayar takardar umarni daga Hukumar Albashi, hukumar gudanarwa ta karɓe ta a zamanta, ta fi ƙarfin wadda aka sa wa hannu da tsakar dare don a janye yajin aiki aka jefa a durowa.

Tambaya ta huɗu ta malaman jihohi ce: jiharku ta karɓi wannan tsari? Najeriya tarayya ce. Mafi ƙarancin albashi, wanda ya tashi daga naira 18,000 a 2011 zuwa 30,000 a 2019, sannan 70,000 a 2024, doka ce da ta hau kan kowace jiha. Jadawalin CONPCASS kuwa na ma'aikatan tarayya ne, ba ya hawa kan jiha sai ta karɓe shi. Idan gwamna ya yi alkawari a filin taro aka yi tafi, alƙali zai tambayi takardar amincewar majalisar zartarwa ko umarnin shugaban ma'aikatan jiha. In akwai, malami yana da ƙafar tsayawa, ko da gwamnati ta sauya. In babu, tafin nan shi ne iyakar abin da aka samu.

Tambaya ta biyar: nawa ne, kuma yaya ka lissafa? Ariyas kuɗi ne da sai an fayyace shi dalla-dalla an kuma tabbatar da shi. Wata nawa, a wane mataki, nawa aka biya, nawa ya kamata a biya. Wanda ya ce yana bin miliyan goma bai kawo takardun albashinsa da jadawalin da ya dogara da shi ba, yana iya samun hukuncin cewa an zalunce shi, ya fita ba ko sisi.

Tambaya ta shida ita ce mafi zafi: yaushe abin ya faru? Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta ce a shigar da ƙara cikin wata uku. A 2019, a shari'ar da ta shafi hukumar rabon arzikin ƙasa, Kotun Ƙoli ta ce wannan doka ba ta shafi kwantiragin aiki ba. A 2021, a shari'ar da ta taso daga Jami'ar Aikin Gona ta Makurdi, kotun ta yi aiki da ita a kan ma'aikata. Lauyoyi suna kuma kafa hujja da cewa tauye albashi cuta ce mai ci gaba kowane wata. Mai hankali ba zai jingina hakkin iyalinsa a kan wannan saɓani ba. A kuma sani cewa wasiƙun roƙo da ake ta aika wa shugaban kwaleji, da zuwa wajen manya su sa baki, ba sa tsayar da lissafin kwanaki. Mu mutane ne masu kunya da kawaici, muna ganin kai ƙarar shugaba rashin ladabi ne, sai mu yi ta haƙuri har lokaci ya ƙure. Kawaici hali ne mai kyau, amma dokar wa'adi ba ta san shi ba.

Bayan an yi nasara

Ko an ci shari'a, da sauran tafiya. Malaman Jami'ar Ilorin 49 da aka kora a 2001 sai a 2009 Kotun Ƙoli ta mayar da su bakin aiki ta ce a biya su hakkokinsu. Shekara takwas ke nan, kuma wasunsu sun rasu kafin ranar. A 2013 Kotun Ma'aikata ta ba ma'aikatan lafiya gaskiya a kan tsallake mataki na 10 na tsarin albashinsu, amma an shafe shekaru ariyas ɗin yana cikin dalilan yajin aikinsu. Ga kuma sashe na 84 na dokar zartar da hukuncin kotu, wanda ya ce kafin a riƙe kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da yardar Antoni Janar. Wato gwamnatin da ka kayar, wajen babban lauyanta za ka koma neman izinin karɓar kuɗinka.

Wani zai ce to a bar kotu, a tafi yajin aiki. Nan ma doka ta yi magana. Ƙungiyar malaman jami'a, ASUU, ta yi yajin aiki daga 14 ga Fabrairu zuwa 14 ga Oktoban 2022. Ministan ƙwadago na lokacin, Chris Ngige, ya kai batun Kotun Ma'aikata, ta ba da umarnin komawa aji a watan Satumba. A watan Mayun 2023 shugaban kotun, Mai shari'a Benedict Kanyip, ya yanke cewa sashe na 43 na Dokar Rigingimun Ƙwadago ya halatta wa gwamnati riƙe albashin lokacin yajin aiki. Albashin wata huɗu da Shugaba Tinubu ya amince a saki daga baya, sassauci ne na siyasa. Wannan hukunci ya shafi malamin kwaleji kamar yadda ya shafi na jami'a. Yajin aiki hakkin ma'aikaci ne, amma yanzu kowa ya san farashinsa, kuma ɗalibin da ke gida shi ke biyan kaso mafi tsoka.

Abin da ya rage mana

Ga ɗan'uwana malami: ka buɗe fayil a gidanka. Takardar ɗaukarka aiki, ta tabbatar da kai, kowace takardar ƙarin girma, takardun albashi na wata-wata, littafin ƙa'idojin aiki, da duk takardar umarnin da ta shafi matakinka, su zauna a ciki. Ranar da ka ga an ajiye ka inda bai dace ba, ka rubuta ƙorafi cikin ladabi, ka karɓi kwafin da aka buga wa hatimin karɓa, ka kuma nemi shawarar lauya tun wata uku ba su cika ba. Neman hakki ta hanyar doka ba rashin kunya ba ne, kuma hakkin nan ba naka kai kaɗai ba ne, akwai na matarka da 'ya'yanka a ciki.

Ga shugabannin ƙungiya: kada ku ɗauki sa hannu a matsayin ƙarshen gwagwarmaya. Ku bi yarjejeniya har ta zama takardar umarni, ta shiga zaman hukumar gudanarwa, ta shiga ƙa'idojin aiki, ta fito a kasafin kuɗi. A jihohi ku nemi majalisar dokoki ta rubuta a dokar kwaleji yadda albashin malamanta zai riƙa bin sauyin da aka yi a tarayya. Kuma kada ku sake karɓar tsarin da manya za su haye a bar ƙanana, domin darasin CONTISS 15 ya isa.

Ga shugabannin kwalejoji, magatakarda da hukumomin gudanarwa: ku ne kuka fi kowa ikon kashe wannan wuta tun tana ƙarama. Ku bayyana ƙa'idojin ƙarin girma kowa ya gani. Wanda bai samu ba a gaya masa dalili a rubuce, a ba shi inda zai kai kuka a cikin gida, a kuma amsa masa cikin kwanaki sanannu. Kada a ba da ƙarin girman da ba a nemi kuɗinsa ba, in kuma an bayar a rubuta bashin a amince da shi. Kotun Ma'aikata tana da cibiyar sulhu tun 2015, ku yi amfani da ita. Kuɗin da ake kashewa a ɗauki lauyoyi don a yaƙi malamin da kowa ya san yana da gaskiya, dukiyar jama'a ce. Kujerar kuma ta wa'adi ce, mafi yawanku aji za ku koma ku zauna da waɗanda kuka danne. Musulmin cikinmu da Kirista duk sun san irin tsananin da addini ya yi a kan tauye ladan wanda ya yi aiki.

Ga gwamnatoci da 'yan majalisa: Tsarin Ilimi na Ƙasa ya sa NCE ta zama mafi ƙarancin shaidar koyarwa. Kusan duk malamin firamare da ke ƙauyukanmu ta hannun malamin kwalejin ilimi ya biyo. A Arewa, inda muke kuka da yawan yaran da ba sa zuwa makaranta da ƙarancin ƙwararrun malamai, duk laccaran da ya yi digiri na uku ya tsere zuwa jami'a ko wata ma'aikata saboda an danne matakinsa, asara ce da za a gani a ajin firamare bayan shekaru. Ku sanya ariyas a kasafi kafin ku sanar da ƙari. Ku bi hukuncin kotu ba sai an yi yajin aiki a kansa ba. Ku sake duba sashe na 84, ku kuma fayyace a doka cewa wa'adin wata uku bai shafi albashin da mutum ya riga ya yi wa aiki ba.

Kammalawa

Jama'a, kotu mafaka ce, kuma gyaran 2010 ya ba ma'aikacin Najeriya kotun da ta fi ta baya ƙarfi nesa ba kusa ba. Sai dai abin da aka kai mata shi take aunawa. Aikin da ke gabanmu shi ne mu tabbatar duk hakkin da aka amince da shi an rubuta shi a inda ba ya goguwa da sauyin gwamna ko na shugaban kwaleji, kowane malami ya san matakinsa da dalilinsa, wanda aka yi wa kuskure kuma a gyara masa tun yana da rai da lafiya. Wannan aiki ba ya jiran Abuja. Ana iya fara shi a zaman hukumar gudanarwa mai zuwa, da taron ƙungiya mai zuwa, kuma da yawa daga cikin masu ikon fara shi suna zaune a wannan zaure.

Allah Ya ba shugabanninmu ikon yin adalci, Ya jiƙan malamanmu da suka rasu suna jiran hakkinsu, Ya isar da shi ga magadansu, Ya sa albarka a abin da muke samu.